Gugan Gidan Yari

A shekara ta biyu da damina ta yi wa ƙasar Gobir rowa, Maijidda ce kaɗai a ƙauyen Gidan Ɗanmusa take da aikin da bai dogara da hadari ba. Aikin nata kuwa shi ne taimaka wa mutanen Abuja su rage ƙiba.

Ba ta taɓa faɗin haka a fili ba. Idan mata suka tambaye ta, sai ta sunkuyar da kai ta ce aikin waya ne. Da wane baki za ta dubi matar da zanenta ya fara zagaye ta sau biyu, ta ce mata akwai garin da ake biya don a koya wa mutum jin yunwa bisa tsari?

Sunan kamfanin Jiki Garau. Yana da katafaren ɗakin motsa jiki mai madubai tun daga ƙasa har rufi, da injinan da mutum zai yi awa guda yana gudu a kai bai bar inda yake ba. Maijidda ta karanta ilimin motsa jiki a jami'a. Takan yi mako ɗaya a Abuja, ta dawo gida ta yi uku tana aiki daga nesa. Shugabanta, Malam Ibrahima, ya ce wannan shi ne tsarin zamani, kuma ya ba ta 'yanci. 'Yancin shi ne ta hau tudun bayan gari inda sabis ke kamawa, yau na Najeriya, gobe na Nijar mai yi mata maraba da Faransanci, ta riƙa tura wa masu tumbi saƙo: "Ranka ya daɗe, kada a manta da kofi takwas na ruwa yau." In ta gama, ta sauko ta taya mahaifiyarta, Inna Tani, tace ɗan ruwan da aka samo da ƙyalle.

Albashinta ke sayo geron da ake ci daga kasuwar Bafarawa, don gona ba ta ba da komai ba sai kara. Gidan na kawunta ne, Yari, wan Inna Tani, inda suka dawo bayan rasuwar mahaifinta. Yari tsohon ɗan kokawa ne. A zamaninsa ya kayar da maza tun daga Isa har cikin Nijar, kuma duk wanda ya zauna kusa da shi minti biyar zai ji sunayensu ɗaya bayan ɗaya. Yanzu ya haura hamsin. Ciki ya lafe, amma ƙirji da damatsa sun ƙi yarda an yi fari.

Rijiya ɗaya ta rage a garin, a gindin tudun nan, zurfinta gaba goma sha takwas. Ruwanta ba ya ɓuɓɓuga, tsatsowa yake yi daga yashi kamar mai jin kunya. Saboda haka tana da doka. Ana ja daga sallar asuba zuwa hantsi. Daga nan Malam Lawwali, wanda ya gaji kula da ita daga ubansa, sai ya ɗora reshen ƙaya a bakinta, a bar ta ta tara, laka ta kwanta, har la'asar. Kowane gida guga ɗaya gare shi, da alamarsa. Wanda ya jefa guga a lokacin hutun ya dama ruwan, gari duka ya sha taɓo, shi kuma a rataye gugan gidansa a kan gawo har ranar da ruwan sama ya sauka. Ba mai ara masa nasa. Sai dai mutanen gidan su bi hanyar gulbi, tafiyar awa biyu, su tona yashi. Rabon da a rataye guga, tun Maijidda tana goye.

Wani makon da take Abuja, Malam Ibrahima ya leƙo ta bayanta tana kallon ɗan bidiyon da ta ɗauka a gida. Yari ne yake jan ruwa ba riga, igiya tana taruwa a ƙafarsa.

"Tsaya, tsaya. Wane ne wannan?"

"Kawuna ne, yallaɓai."

"Wane jim yake zuwa motsa jiki?"

"Rijiya ce."

Malam Ibrahima ya karɓe wayar, ya kalla sau uku. Idonsa ya kawo ƙwalla irin ta mutumin da ya ga riba.

"Maijidda, kina zaune a kan zinari kin yi shiru! Kwastomominmu sun gaji da inji. Asali suke nema. Dubi bayan nan, dubi kafaɗa! Za mu yi aji kai tsaye daga bakin rijiyar. Kowa a ba shi igiyar roba ya ɗaura a marfin ƙofa, kawunki yana ja suna ja. Sunansa Ƙarfin Kakanni. Laraba da Asabar, tara da rabi na safe."

"Yallaɓai, a lokacin rijiyar a rufe take."

"A rufe? To ki yi magana da manajan rijiyar mana."

Ta buɗe baki za ta yi bayani, ta tuna buhun gero, ta rufe.

Yari bai ko bari ta ƙarasa ba ya amince. Shekara goma sha biyar ba wanda ya taru don ya kalle shi. Shi ya ja ta har zauren Malam Lawwali, ta durƙusa daga bakin ƙofa ta gaishe shi.

Tsohon ya saurara har ƙarshe yana jan carbi.

"Ke ɗiyar Tani, hwaɗa mani da kyau. Mutanen ga, ƙishirwa ad da su?"

"A'a, Baba. Ruwa gare su har na wanke mota."

"To mi za su yi da rijiyarmu?"

"So suke su ga ana ja."

"Su ga ana ja." Ya maimaita a hankali, kamar mai ɗanɗana magani. "Su kuma suna can suna jan ƙohwa."

"I, Baba."

"Ƙohwar tana kawo ruwa?"

"Zuhwa take kawowa."

Malam Lawwali ya daɗe yana kallon rufin zaure. A mayar da ajin lokacin jan ruwa ba zai yiwu ba, don ba zai bari a ɗauki hoton matan mutane suna layi ba. Amma ya san abin da ke riƙe da gidan Yari, kamar yadda kowa ya sani. Ya sa aka kawo igiyar gidan, ya auna ta da hannunsa, gaba bayan gaba. Da ya kai goma sha shida sai ya yaga jan ƙyalle ya ɗaura da ƙarfi.

"Ga shi. Ni za ni janye ƙayar rabin awa. Ka sa dutse cikin guga shi yi nauyi, ka zura, ka ja, su gani su ƙoshi. Amma jan ƙyallen ga kada shi ƙetare bakin rijiya. In ya ƙetare, Yari, ka san gawo."

"Haba Malam, ni yaro na?"

"Da yaro na, da ban ji tsoro ba."

Ajin ya karɓu fiye da yadda kowa ya zata. Maijidda takan kafa wayar a kan sanda mai ƙafa uku, ta haɗa 'yar lasifika, ta koma gefe inda kyamara ba ta kai ba, wurin da ta fi so a duniya. A fuskar wayar sai ƙananan tagogi ashirin su buɗe, kowace da mutum a ɗaki mai sanyi, riƙe da roba, da gorar ruwa a gefe mai girman tulu. Yari ya fito da ɗamararsa ta kokawa da layun da suka shekara cikin adaka. Ya yi wa kansa kirari, tun da makaɗinsa ya rasu. Sannan ya zura guga da dutse, ya ja, Maijidda tana ƙirgawa a hankali. Kafin ja na goma rabin tagogin sun koma nuna silin.

Wata Hajiya ta tambaya cikin haki, wane irin abinci kocin yake ci cikinsa ya lafe haka.

"Hura ba nono, sau guda, in rana ta yi tsaka," in ji Yari.

"Da dare fa?"

"Da dare barci."

Malam Ibrahima ya rubuta. Mako na gaba kamfanin ya fitar da sabon tsarin cin abinci irin na Gobirawan asali, mutane suka yi ta rububi. Maijidda ce aka sa ta tsara takardar. Ta tsara, har da hoton ƙwarya.

Malam Lawwali ya zauna gadi sau huɗu. A na biyar ya ga jan ƙyalle bai taɓa wuce hannun Yari ba, kuma kallon ƙato yana jan dutse ya ishe shi, sai ya janye ƙayar ya koma inuwar masallaci.

A Asabar ɗin mako na uku wata sabuwar taga ta buɗe. Mutumin da ke ciki ya cika ta har ya yi saura. Sunansa Alhaji Amiru, ɗan kwangila, likita ne ya tilasta masa shiga. Ya ja robarsa sau biyu, ya sake ta, ya jawo kujera ya zauna, ya kawo fuskarsa dab da kyamara.

"Kai, wanga ba Yari na ba? Yari na Gidan Ɗanmusa?"

Yari ya tsaya, fuskarsa ta washe. "Shi na. Wa ke magana?"

"Ɗan Isa na, Amiru. Ina yaro na ga wasanka bayan kasuwa. Shekara talatin rabona da gida, amma ban mance guga ba." Ya yi dariya, tumbinsa ya taya shi. "Yari, wace irin rijiya ta wagga? Guga shi tahi ƙasa shi dawo ko ɗigo babu? Igiya busassa, ƙasa busassa. Jama'a, ku duba da kyau, wasan yara muke kallo."

Maijidda ta miƙa hannu za ta kashe muryarsa. Sai ta tuna dokar kamfani, ba a katse kwastoma. Hannun ya tsaya a iska.

"An ce kai ka kada Ɗan'auta na Tozai," Alhaji ya ci gaba. "Yanzu na gane. Hala shi ma dutse anka ɗaura wa ɗamara anka kawo maka."

Tagogi goma sha tara suka fashe da dariya. Rabinsu ba su san Tozai ba, ba su san Ɗan'auta ba, amma an samu dalilin ajiye roba.

A fagen kokawa, in mutum ya ƙalubalance ka gaban 'yan kallo, ba a ba shi amsa da baki. Maijidda ta san wannan, ta ji shi sau dubu a tsakar gida. Ta ga wuyan kawunta ya kumbura. Ta ga ya dubi jan ƙyallen da ke hannunsa.

"Kawu," ta ce.

Muryar ko ita da ƙyar ta ji ta.

Ƙyallen ya zame tsakanin yatsunsa, ya goge bakin rijiya, ya shige duhu. Da guga ne kawai, da ya sauka a kan ruwa ya yi iyo. Amma akwai dutse a ciki. Ƙarar ta taso daga ƙasa, dum, irin ta abin da ya nutse har gindi. Yari bai tsaya nan ba. Ya fizgi igiyar sau uku, kamar yadda ake yi don guga ya cika, kowace fizga tana tayar da lakar da ta kwashe tun hantsi tana kwanciya.

Sannan ya fara ja, kuma a gaskiya ja ne mai kyau. Jijiyoyi suka fito, ƙafafu suka kafe, numfashi yana fita a tsare. Tagogin suka yi tsit. Maijidda ta dubi ta Alhaji Amiru. Guga bai wuce gaba biyar da tasowa ba aka turo ƙofa a bayansa, wata mata ta shigo da faranti a rufe. Alhaji ya waiwaya, ya ɗaga murfin, ya yi murmushi, ya miƙe. Kujera ta zauna ita kaɗai na ɗan lokaci, sannan tagar ta yi baƙi.

Yari bai gani ba. Idonsa na kan igiya. Da gugan ya fito, cike da ruwa mai kalar kunun kanwa, ya ɗaga shi sama da hannu biyu, ya juyo ga wayar.

"Ɗan Isa! Ga ruwa!"

Ya sheƙa shi a ƙasa gaban kyamara. Ƙasar ta shanye kafin tafin Abuja ya lafa.

Ba wanda ya kai ƙara. Ba a buƙata. Malam Lawwali ya dawo mayar da ƙaya, ya ga damshi a ƙasa, ya taɓa igiyar, ya shinshina yatsunsa. Ya rufe rijiyar ya tafi.

Da la'asar mata suka zo da jarkoki. Ta farko ta ja, ta leƙa, ta miƙa wa ta biyu ta leƙa. Haka gugan ya zaga layin, kowa ta duba ta miƙa, kamar jaririn da aka haifa da wani abin mamaki. Masu jego biyu ne a layin. Akwai gidan da ke da mara lafiya. Inna Tani tana can wajen tsakiya, da gugan gidansu mai alamar baƙin zare, kuma a hankali matan da ke gabanta da bayanta suka ɗan ja da baya har ta zama ita kaɗai.

Malam Lawwali ya zo ya tsaya gabanta, ya miƙa hannu.

"Tani, ki yi haƙuri. Ba ke kinka yi ba."

"Na sani, Malam. Amma ni ka shan ruwan."

Ta ba shi. Ya ɗaura igiyar a gora, ya ɗaga gugan ya maƙala a reshen gawo, sama inda kowa zai gani daga kowace kusurwa ta gari. Yari ya iso a lokacin, ya sa riga, ya cire layu.

"Malam, mutumin ga zagina ya yi gaban jama'a."

"Wace jama'a?"

"Mutum ashirin!"

Malam Lawwali ya juya ya dubi layin matan, tun daga bakin rijiya har ƙarshensa, a hankali, kamar yana ƙirga su. Sannan ya dubi Yari.

"To. Ka rama."

Maijidda tana kan tudu tana kallon komai lokacin da saƙon muryar Malam Ibrahima ya shigo. Murna har tana sa shi tuntuɓen harshe. Ba a taɓa aji irin na yau ba. Mutum bakwai sun yi sabuwar rajista. Daga yanzu ruwa na gaske za a riƙa ja kowane aji, a sheƙar a ƙarshe, wannan sheƙarwar ita ce ta taɓa zukata. Ta gaya wa manajan rijiya za a sa sunansa a talla.

Ta rubuta masa bayani mai tsawo, game da ƙaya da laka da gawo. Ta karanta, ta goge. Ta rubuta cewa an hana su rijiyar, yanzu daga gulbi za su riƙa ɗebo ruwa, tafiyar awa biyu. Amsa ta zo nan take. Awa biyu da kaya a ka? Kullum? Ta auna masa kilomita nawa ne, ta ɗauko hoto, yana da wata shawara.

Washegari bayan asuba, lokacin da sauran gidaje ke layi a rijiya, su uku suka bi hanyar gulbi. Jakin gidan an sayar da shi tun bara. Sun tona yashi har gwiwar hannu ta ɓace, suka jira ruwa ya taru, suka cika jarka huɗu da ƙoƙo, ƙoƙo bayan ƙoƙo. Kafin su juyo rana ta take. Inna Tani tana gaba da ɗaya a ka, ba ta yi wa ɗan'uwanta magana ba tun jiya. Maijidda tana biye da tata. Yari yana baya, ya rataya biyu a sanda bisa kafaɗa.

Sun wuce gonakin da ba a shuka ba, sun kai rabin hanya, sai ya yi gyaran murya.

"Maijidda."

"Na'am, Kawu."

"Ɗan Isan nan. Mi yac ce da yag ga ruwan?"

Ta ci gaba da tafiya. Ƙarya tana nan kusa, mai sauƙi: ya ji kunya, ya ba da haƙuri, ya ce Yari ba sa'ansa ba ne. Jarkar tana danne mata wuya, ruwa yana bin bayan kunnenta. A gaba ta ga Inna Tani ta rage sauri.

"Bai gani ba, Kawu."

"Kamar ƙaƙa bai gani ba?"

"Tun kana gaba ta biyar aka kawo mai karin kumallo. Ya tashi ya kashe."

Ruwa yana ta bugun jarkoki. Yari ya sauya wa sandar kafaɗa. Suka yi tafiya mai ɗan tsawo a haka, har Maijidda ta fara jin tausayinsa, ta fara neman kalmar da za ta sassauta.

"Amma wayar taki tana ajiye abin da ta ɗauka, ko?" ya ce. "Sai ki aika mai. Ki tabbata ya kalla har inda na sheƙar."

Inna Tani ta tsaya cak. Ta juyo, ta dawo da baya har gabansa, ta sauke jarkarta ta dire masa a kan yatsun ƙafa.

"Yaya, tun da ƙarhin bai ƙare ba, haɗa da wagga."

Ta gyara gammonta ta riƙe a hannu, ta wuce gaba tana kaɗa shi. Yari ya dubi jarkar, ya dubi sauran hanya. Ya durƙusa da sandar a kafaɗa, Maijidda ta sauke tata ta taya shi ɗora ta ukun a ka.